Yadda Ake Gina Makarantar Masu Sarrafa Lokaci da Wuta a Cikin Labari

Marubuta labaran almara da na jarumta, maza da mata, sun yi ta turo mana tambaya kusan iri ɗaya: ina so jarumina ya shiga wata makaranta da ake koyon juya lokaci da wuta, ta ina zan fara, kuma yaya zan yi kada labarin ya kwance mini a tsakiya? Da yawa sun riga sun yi nisa, sun saki shafi ashirin ko talatin, sai wani mai karatu ya tambaya: tunda yaron nan yana iya mayar da lokaci baya, me ya hana shi ceto mahaifiyarsa? Daga nan alƙalami ya tsaya. Maganin wannan matsala shi ne kowane minti da jarumi ya samu, akwai abin da ya ƙone aka biya da shi, kuma marubuci yana riƙe da lissafin. Ga yadda ake yi daki-daki.

1. Tanadi kayan aiki

Kyandir 4 daga kwali ɗaya, masu tsawo da kauri ɗaya. Ashana, rula, alƙalamin maka, ƙananan ƙusoshi 3, farantin ƙarfe, kofin gilashi, yashi cikin ɗan kwano, turaren tsinke 2, gawayi cikin gwangwani ɗaya, kaskon wuta, mafici, da agogon waya. Sai littafin rubutu sabo wanda ba za a rubuta komai a ciki ba sai dokokin makarantar da lissafinta. Kayan ba su da tsada, yawancinsu ma akwai su a gida. Abin da za ka fi kashewa shi ne yammaci biyu na zama gaban wuta.

2. Auna wuta ta gaske kafin ka ƙirƙiro ta ƙarya

Wannan matakin ne aka fi tsallakewa, kuma shi ya sa wutar da ke cikin labarai da yawa ba ta da hali: ba ta jin iska, ba ta cin komai, ba ta mutuwa sai marubuci ya ga dama.

Kafa kyandir biyu a tsaye a kan faranti, tsakaninsu kamar santimita 10. Rage lagwanin ya zama kamar milimita 6. Kunna su duka har tsinin saman ya narke ya baje, sannan ka kashe ɗaya, ka daidaita tsawonsu. Dalili shi ne tsinin yana ci da sauri fiye da jikin kyandir, idan ka fara awo daga can lissafin zai karkace. Yanzu bar ɗaya yana ci. Duk minti 15 ka duba inda ya sauko, ka ja layi da maka a jikin wanda ba a kunna ba, daidai wannan tsayin. Idan na farko ya ƙare, ka samu agogon kyandir. Kunna na biyun ka bi shi da agogon waya. Za ka ga wani layin ya zo da wuri, wani ya makara da 'yan mintuna. Rubuta wannan bambancin, domin shi ne zai zama kuskuren da ɗalibanka za su riƙa yi a aji.

Kyandir na uku ka kai shi kusa da taga. Harshen zai kwanta gefe guda, kakin ya zuba ta ɓangare ɗaya, ya ƙare kafin sa'arsa. Ba sabuwar matsala ba ce. Sarki Alfred na Ingila a ƙarni na 9 yana auna yini da dare da kyandir 6, kowanne inci 12, kowanne yana cin awa 4, wato minti 20 a kowane inci, kuma iska ce ta dame shi har aka yi masa fitila ta katako da ƙaho da aka fere ya yi shara-shara.

Na huɗun kuma na gwaje-gwaje uku ne. Soka ƙusa a jikinsa a ƙasa da harshen da santimita 2. Idan kakin ya narke zuwa wurin, ƙusar za ta faɗo kan faranti ta yi ƙara. Ka samu ƙararrawar makaranta ke nan. Sannan kifa masa kofin gilashi, ka ƙirga daƙiƙun da zai yi kafin ya mutu. Na ƙarshe shi ne mafi amfani: sake kunna shi, bari ya ci minti ɗaya, hure shi, nan take ka kai ashana mai ci cikin farin hayaƙin da ke tashi, sama da lagwani da santimita 2 ko 3. Harshen zai bi hayaƙin ya sauko ya kama lagwani ba tare da ka taɓa shi ba, saboda hayaƙin nan tururin kaki ne da bai ƙone ba. Jinkirta kaɗan ka sake gwadawa, ba zai kama ba.

Yammaci na biyu na gawayi ne. Haɗa wuta a kasko, idan ta zama garwashi ka raba uku. Kashi ɗaya ka bar shi a buɗe, ɗaya ka yi ta fifita shi, ɗaya ka lulluɓe shi da toka mai kauri. Wanda aka fifita zai yi ja sosai ya riga kowa zama toka. Wanda aka binne, ka dawo bayan awanni ka tona, za ka tarar da shi da rai.

Gargaɗi: gwajin gawayi a tsakar gida ko waje ake yin sa. Gawayi a ɗaki rufe yana fitar da iska mai guba wadda ba ta da wari ba ta da launi, tana sa barci sannan ta kashe. Kada a zuba wa kaki mai ci ruwa, fantsama yake yi. A rufe shi ko a zuba yashi. Kada fetur ya kusanci wurin, kuma kada a tafi a bar kyandir yana ci inda yara ko labule suke.

3. Zaɓi ayyuka uku, ka haramta na huɗu

Abin da ka gani da idonka ya riga ya ba ka dokokin. Wuta tana saurin ci idan an zuga ta, tana jinkiri idan an binne ta, tana iya dawowa idan an kama hayaƙinta da wuri. Waɗannan su ne darussan makarantar.

Zuga: mai aikin yana hura wutarsa, lokaci ya yi gudu a inda yake. Shi da ke ciki yana yin aikin awa guda alhali a waje minti 10 kawai suka wuce.

Binnewa: yana rufe garwashi da toka, lokaci ya yi nauyi a wurin. Wanda aka sara yana zubar da jini, a binne masa wuta, dare guda ya wuce a waje shi kuwa awa ɗaya kawai jikinsa ya gani, har a isa da shi wurin mai magani.

Kamun hayaƙi: idan wuta ta mutu, muddin hayaƙinta bai watse ba, ana iya dawo da abin da ya faru cikin wannan ɗan tsakanin. Kada ya wuce numfashi 3. Tulu ya faɗi ya fashe, a kama shi. Kibiya ta fita, a dawo da ita kan baka.

Na huɗu shi ne komawa jiya ko bara, kuma shawararmu ita ce a rufe wannan ƙofar gaba ɗaya tun shafin farko. Toka ba ta komawa itace. Sa malamin farko ya faɗa wa sababbin ɗalibai haka ranar da suka iso, yana riƙe da toka a tafin hannu. Da zarar ka bar jarumi ya koma baya sau ɗaya, babu sauran mutuwa ko asara da mai karatu zai ɗauka da gaske, kuma kai ma za ka shiga ruɗanin da ba ya ƙarewa: idan ya hana abin faruwa, me zai sa shi komawa tun farko?

Gargaɗi: kamun hayaƙi ba ya aiki a kan rai da ya fita. Rubuta wannan a littafin dokoki da manyan baƙaƙe. Ranar da za ka kashe wanda masu karatu ke so, za su matsa maka ka dawo da shi, dokar ce za ta tsare ka.

4. Ja iyakar haske

Aikin yana tsayawa inda hasken wuta ya tsaya. Hanya mai sauƙi ta auna iyakar: duk inda mutum zai iya karanta rubutu da hasken, yana ciki. Kyandir ya isa mutum ɗaya a zaune. Aci-balbal ko fitilar ƙwai ta ɗauki mutum biyu ko uku. Wutar gungume a fili ta ɗauki aji guda.

Sai ka amsa tambayoyin bakin iyaka tun yanzu, domin nan ne masu karatu masu kaifi suke kama marubuci. Wanda ke cikin zuga yana ganin na waje suna tafiya a hankali ƙwarai, muryarsu ta yi kauri ta ja. Na waje kuma suna ganin na ciki yana fizge-fizge, muryarsa siririya kamar kaset da aka sa wa gudu. Kibiyar da aka harbo daga waje, na ciki yana ganin tahowarta a hankali har ya kauce, amma da zarar ta tsallako iyaka ta dawo da cikakken saurinta. Hannu fa, idan rabi yana ciki rabi yana waje? Zaɓi sakamako ɗaya ka tsaya a kai. Mu mun fi son ya kumbura ya mutu na ɗan lokaci, tunda jini yana shiga da wani sauri yana fita da wani. Tsofaffin malamai su kasance da tabo a wuyan hannu saboda wannan.

Kuskuren da ya fi yawa a nan shi ne juya lissafi: marubuci ya ce an zuga lokaci, sannan ya nuna jarumi ya fito ya tarar shekaru sun wuce. Wannan binnewa ce. A zuga, na ciki ne ke tsufa. A binnewa, duniya ce ke tsufa ta bar shi.

5. Sa farashi, ka yi lissafinsa da alƙaluma

Farashi iri biyu ne, na makamashi da na jiki.

Na makamashi: raba daɗewar wutar da ninkin saurin lokaci da aka nema. A ce kyandir na awa 4 ne, mai aikin ya zuga shi ninki 6. Zai ba shi minti 40 a ciki, wanda a waje minti 6 ne da daƙiƙa 40. Idan ya yi haɗama ya nemi ninki 12, minti 20 kacal zai samu, a waje bai kai minti 2 ba. Ka ga yanzu jarumi yana da abin yanke shawara a tsakiyar faɗa, kuma mai karatu yana kallon kyandir yana guntulewa tare da shi.

Kowane makamashi da halinsa. Kara yana kamawa nan take ya ba da babban ninki, ya mutu kafin a ƙifta ido, na masu gudun ceton rai ne. Kirare na ɗalibai. Gawayin ƙirya, wanda maƙera suka fi so saboda zafinsa da daɗewarsa, na manyan ayyuka ne. Kakin zuma ya fi kowa tafiya daidai, saboda haka shi ake jarrabawa da shi, kuma tsadarsa ta sa ɗan talaka a makarantar yana atisaye da kashin shanu busasshe yana shan hayaƙi. Ɗanyen itace yana ba da lokaci mai tsalle-tsalle, minti ɗaya da sauri minti ɗaya a hankali, har ɗalibi ya yi amai.

Na jiki ya fi ciwo. Ɗalibin da ke yin awa 6 a cikin zuga mai ninki 6 kullum, awa ɗaya ya ɓata a waje, saboda haka yininsa awa 29 ne maimakon 24. Rarar awa 5 a kullum ta zama awa 1,825 a shekara, wato kwana 76. A shekara 5 ya girmi tagwayensa da fiye da shekara guda. A shekara 30 ya girme shi da shekara 6 da 'yan watanni. Ga yunwa da ƙishirwa da barci, duk da lokacin ciki suke tafiya: wanda ya yi awa 6 a ciki zai fito yana neman tuwo alhali mutanen gida yanzu suka gama karin kumallo. Masu binnewa kuma akasin haka, fuskarsu ba ta tsufa amma sa'o'insu suna mutuwa su bar su. Malamar binnewa da ta binne 'ya'yanta biyu da furfura alhali ita gashinta baƙi ne, ta ishe ka babi uku ba tare da an zare takobi ba.

Kada ka manta da iska. Wutar da aka zuga a ɗaki rufe tana cinye iskar ɗakin da sauri, abin da kofin gilashi ya nuna maka ke nan. Azuzuwan zuga su kasance a buɗe ta sama.

6. Gina makarantar da matakanta

Ɗauki tsarin daga maƙera. Yaro a maƙera daga zuga-zugi yake farawa, ya daɗe yana hura wa wani wuta kafin a bar shi ya riƙe awartaki, balle masaba. Idan akwai maƙera kusa da kai, je ka nemi izini ka zauna awa ɗaya. Kalli yadda maƙeri ke karanta zafin ƙarfe da launinsa: ja mai duhu a wajen digiri 700 na ma'aunin Celsius, ruwan goro kusa da 900 zuwa 1,000, ruwan ɗorawa sama da haka, fari kuma daga wajen 1,200 zuwa sama. Ga matakai a shirye. Sabon shiga ɗan toka ne, shekara guda yana kwasar toka yana faskare yana koyon sanin itace da hannu da hanci. Sai ɗan zuga. Sannan mai ja, mai goro, mai ɗorawa, mai fari. Ɗaura wa kowane mataki iyakar ninki: mai ja ninki 2, mai goro 4, mai ɗorawa 6, mai fari 12. Masu fari kada su wuce mutum 3 a duk duniyar labarin.

Ginin ya bi sana'ar. Katangar ƙasa mai kauri, babu jinka ko ɗaya, rumbun makamashi nesa da azuzuwa, rijiya a tsakiya, tulin yashi a kowace ƙofa. Ɗakunan binnewa a ƙarƙashin ƙasa, da mai gadi a waje yana riƙe da allon kwanaki, domin na ciki ba shi da hanyar sanin ranar da ake ciki. A ba makarantar wuta guda da ba a zuga ta ba a binne ta, ita ce ma'aunin lokacin gaskiya, kowa da ita yake saita nasa.

Gargaɗi mai muhimmanci: masu karatunka sun san hukuncin sihiri a addini, kuma suna lura. Kafa makarantar a daula ƙirƙirarriya, da sunaye ƙirƙirarru. Kada ka saka aya ko addu'a ko hatimi a bakin masu aikin, kada ka rubuta wani surkulle da zai yi kama da abin da za a gwada. Kada ka ari kamannin tsangaya, wato allo da tawada da laƙabin gardi ko alaramma, ko da yake su ma suna karatun dare a bakin wuta. Haɗa biyun zai ɓata wa mutane rai da gaskiyarsu. Mutanen makarantarka ba sa bauta wa wuta, aiki suke da ita yadda manomi ke aiki da ruwa da ƙasa.

7. Ba su rauni da maƙiya

Ruwa, iska, yashi, jiƙaƙƙen bargo. Duk wanda zai yaƙe su da damina zai zo, a tsakiyar watan Agusta, lokacin da itace ya jiƙe. Da hunturu kuma iska tana cinye musu makamashi kafin lokaci, lissafinsu ya riƙa kuskure.

Babban rikicin yana wajen itace. A hanyar gargajiya ana ƙona itace kilo 5 zuwa 10 kafin a samu gawayi kilo ɗaya. Makaranta mai ɗalibai 200 daji take ci. Wa ke saro shi? Ƙauyukan da ke kewaye me suke samu? Sarki yana ba su daji domin su binne masa rumbunan hatsi kada su lalace, manoma kuma suna kallon hamada tana matsowa. Wannan ya fi mugun boka mai dariya ba dalili ƙarfi nesa ba kusa ba.

8. Riƙe littafin lissafin lokaci

Ja layi biyar a kowane shafi: babi, wanda ya yi aikin, abin da aka ƙona, lokacin ciki, lokacin waje. A bayan littafin ka ware wa kowane babban ɗan wasa shafi, kana tara rararsa ko giɓinsa. Cike shi a ranar da ka rubuta babin. Masu sakin labari kullum a WhatsApp ko Wattpad su suka fi buƙatar wannan, tunda abin da ya fita ba ya gyaruwa, kuma akwai mai karatun da zai koma shafi na 12 ya kawo maka hujja.

9. Gwada tsarin da fage ɗaya kafin ka ci gaba

Rubuta fage mai kalma 600 zuwa 800. Ɗaliba mai matakin goro, guntun kyandir da ya rage na minti 40, ƙaninta maciji ya sare shi, mai magani yana nisan tafiyar awa 2. Bisa dokokinka, zuga mai ninki 4 za ta ba ta minti 10 ne kawai na gudu, ba za ta kai ko'ina ba. Dole ta nemi garwashi ta binne masa, ta bar shi shi kaɗai ta tafi da ƙafarta, ta dawo bayan awa 4 alhali jikinsa awa ɗaya ya gani. Wa zai tsare tokar kada iska ta kwashe? Idan fagen ya tilasta mata zaɓi irin wannan, tsarin ya tsaya da ƙafarsa.

Ba mutum biyu su karanta ba tare da ka yi musu bayani ba, sannan ka tambaye su abu uku: me ta ƙona, me ta samu, me ya gagare ta. Idan sun kasa amsa na farko, koma mataki na 5 ka fito da farashin fili a cikin fagen. Idan suka ce ai da ta yi kaza da ta huta, kuma ka duba ka ga dokokinka sun yarda da hakan, to ko dai ka bar ta ta yi shi, ko ka ƙara doka a littafin yanzu, ka kuma koma babin farko ka dasa ta a bakin wani malami tun kafin a buƙace ta.